Aron Makara

Ranar Laraba ce, cikin makon da sojoji za su miƙa wa farar hula mulki. Hadari ya kwana a gabas, bai zubo ba bai kuma watse ba, zufa tana karyo wa mutum tun rana ba ta fito ba. A ranar ne Ƙasimu ya ari makarar masallacin layinsu a Gyaɗi-Gyaɗi, aron da mai kaya bai san da shi ba.

Ƙasimu ya bar makaranta tun yana aji uku. Ya taɓa ɗinki, ya taɓa kwandasta a motar Unguwa Uku, ya taɓa tallar kaset a bakin titin Zariya, babu inda ya zauna har kujera ta yi ɗumi. A shekarun nan duk saurayin da ya iya aron kyamara a Kano darakta ne, shi ma sai ya ga me zai hana. Sai dai shi ba fim ɗin soyayya a lambu yake so ba. Labarinsa na wasu 'yan yawon duniya ne su biyu, ba gida ba sana'a, waɗanda suka gano cewa in ka ɗaura makara a saman mota babu mai tsayar da kai a ƙasar nan. Ɗan sanda zai janye katakon shingensa, layin mai zai dare, mai shayi ma kunyar karɓar kuɗinka zai ji. Da haka za su yi ta yawo gari gari, ɗaya yana tuƙi yana kuka, ɗaya yana kwance cikin farin ƙyalle. Har suna ya raɗa wa fim ɗin: Gawa Ba Ta Biyan Kuɗin Mota.

Komai na aikin aro ne. Motar tsohuwar Fijo ce ta yayan Ashiru, abokinsa tun na ƙuruciya, wanda zai fito a gawa. Kyamara ta Abdullateef ce mai ɗaukar biki a Tarauni, ya yarda ya ba su wuni ɗaya, shi da ita, muddin za a rubuta sunansa da manyan baƙaƙe. Makara ce ta gagara, don ba su da halin sa kafinta ya yi musu.

Makullin ɗakin makara kuwa yana wuyan mahaifin Ƙasimu, Malam Garba ladan, a igiyar fata, tun kafin a haifi shi Ƙasimun. Ɗan ƙaramin ɗaki ne a bayan masallaci, da diga da shebur da makarar katako mai hannu huɗu. Malam Garba ba ya buɗe shi sai an yi rasuwa, ko ranar Alhamis bayan la'asar in zai share. Ba shi da gona, ba shi da rumfa a kasuwa. Abin da yake da shi a unguwar shi ne duk wanda aka yi wa mutuwa ya san ƙofar da zai ƙwanƙwasa, kuma ba a taɓa jiran Malam Garba ba. Ƙasimu ya san wannan sarai. Ya san in uban ya buɗe ɗakin nan ya tarar wayam, ba makara kaɗai aka ɗauke masa ba.

Shi ya sa ya yi shiri. Mako guda ya ɗauka yana zaga unguwa yana dubiya. Duk gidan da ya ji an ce akwai marar lafiya sai ya yi sallama, ya zauna a bakin tabarma, ya yi sannu, yana satar kallon idon majinyaci da kwanon abincinsa. Ya je wurin Alhaji Audu mai ciwon suga har sau uku. Ya je wurin tsohon masinjan nan da ɓarin jikinsa ya shanye. Mutane suka fara cewa ɗan ladan ya shiryu.

"Yaya rahoton asibiti, darakta?" in ji Ashiru ranar Talata da yamma.

"Alhaji Audu a gabana ya tashi da malmala biyu. Ba inda za shi."

"Tsohon masinja fa?"

"Har zagina ya yi, wai na taka masa takalmi. Wanda ke da ƙarfin zagi zai kai Alhamis."

"To Allah ya ƙara musu lafiya, ko da ta jibi ce," in ji Ashiru, suka tafa.

Da aka idar da asuba Malam Garba ya dawo ya rataye hula da makulli a ƙusa, ya kishingiɗa kamar kullum. Ƙasimu ya zare makullin. A layin baya suka ɗora makarar a saman mota, suka lulluɓe ta da tsohuwar tabarma, ya rufe ɗaki ya komo ya mayar da makulli inda yake. Zai fita ke nan Iyatu ta kira shi.

Iyatu yayar mahaifinsa ce. Ita ta goye shi bayan rasuwar uwarsa, ita ce kuma mutum ɗaya a gidan da ke dariya in ya kwaikwayi tafiyar liman. Tana zaune a kan turmi gaban murhu, ta ɗaure kanta tamau da ɗankwali.

"Ina kuma aka nufa da sassafen nan, sarkin yawo?"

"Aiki ne, Iya. Kafin la'asar na dawo."

"Aikin wasan kwaikwayon?" Ta miƙo masa ɗumame a leda. "Karɓi, ku raba da wannan Ashirun, ko ya yi ƙiba a gane shi mutum ne. Ni kaina ke ɗan sara mini tun jiya, zafin nan ne. Dubiyar nan da kake yi kada ka bari, ka ji? Na ji daɗinta ƙwarai."

"To, Iya."

Ya karɓa ya fice, hankalinsa yana kan mota.

Sai da suka wuce Na'ibawa suka yaye tabarmar. Ƙasimu yana tuƙi, Abdullateef yana baya da kyamara a ƙarƙashin mayafin ƙanwarsa, Ashiru yana gefe yana cin ɗumame. A shingen farko ba su ma yi shirin ɗauka ba. Ɗan sandan da ke tsaye ya hango saman motar, ya ja katakon ƙusoshi da ƙafa, ya cire hula ya riƙe a ƙirji har suka wuce.

"Ka ɗauka?" in ji Ƙasimu.

"Na ɗauka."

"Ka ga ɗan wasan da ba a biya ba," in ji Ashiru. "Wallahi ya fi ni iyawa."

A gidan mai layi ya kai inda ido ba ya gani, don lokacin wahalar mai ake yi. Wani direban bas ya hango su ya fito da kansa yana kaɗa hannu, yana cewa a ba masu gawa hanya. Ƙasimu ya sunkuyar da kai a kan sitiyari, kafaɗunsa na girgiza, mutane suna masa ta'aziyya ta taga. Dariya yake yi. Abin da ya zauna ya ƙirƙira a shagon kaset ga shi yana faruwa a gaban idonsa, ko kalma ɗaya bai sa wa kowa a baki ba. Tun da ya bar makaranta bai taɓa jin ya iya wani abu ba sai ranar.

Bayan Kura suka sauka daga titi, suka sami wata tsamiya a gefen gona. Nan za a ɗauki babban wasan. Aka naɗe Ashiru cikin farin zanen gado, aka kwantar da shi a makara.

"Kada ka motsa sai na ce."

"Darakta, gawar nan tana jin fitsari."

"Ta riƙe. Akshan."

Ƙasimu ya durƙusa ya fara kukan ƙarya yana kiran sunan ɗan uwansa. Bai lura ba ashe manoma sun ajiye fartanya, sun yi alwala a bakin rafi, sun taho. Kafin ya ɗago kai an yi sahu a bayansa. Abdullateef bai kashe kyamara ba. Ana cikin neman wanda zai ja salla cinnaka ya sami Ashiru a cinya. Gawa ta tashi zaune tana susa tana zagin uwar cinnaka, sahu ya watse, wani ya bar takalmi, wani ya faɗa kunyar gona. Da suka gane wasa ne wasu suka dawo suna dariya har da riƙe ciki, wasu suka tafi suna tsaki.

Wani tsoho ne kawai bai gudu ba, bai kuma yi dariya ba. Ya matso ya shafa katakon makarar.

"Wannan ba ta wasa ba ce, samari. Ta ɗauki mutane. Ta wane gari ce?"

"Ta unguwarmu ce, Baba, a Kano. Yau za mu mayar."

"In aka neme ta fa?"

"Ba za a nema ba. Na bincika, babu wanda jikinsa ya yi tsanani."

Tsohon ya dube shi ya daɗe, sannan ya ce, "To. Ashe ku a garinku sai an yi ciwo." Ya ɗauki fartanyarsa ya koma gona.

Abdullateef ya ce batir ya kusa ƙarewa, saura wurin gudu. A wurin ne su biyun za su ɗauki makara su ruga mutanen gari na bin su. Suka ruga, Ashiru ya yi tuntuɓe da zanen gadon, suka rufta cikin kwari su da ita. Hannun makarar ɗaya na gaba ya karye, ya rage yana reto. Suka ɗaure shi da robar tayar keke.

"Malam ba zai gani ba," in ji Ashiru. "Ka jingina wajen a bango."

Amma Ƙasimu ya san ubansa ya san makarar nan kamar tafin hannunsa.

Sun kama hanyar gida bayan azahar sai hadarin da ya wuni yana jira ya sauko gaba ɗaya. Ruwa kamar da bakin ƙwarya, gilashin mota babu abin sharewa, Ashiru ya fito da hannu yana goge shi da likkafanin wasan. A wani gari da ke bakin titi motar ta yi tari sau biyu ta mutu. Suka tura har suka gaji. Bakanike ya rufe ya tafi, aka ce sai da safe. Babu wata hanyar aika saƙo gida, ko da akwai ma me zai ce? A rumfar mai shayi suka kwana, makarar tana saman mota ruwa na dukanta. Ƙasimu ya yi ta lallashin kansa: gobe Alhamis, sai bayan la'asar Baba zai buɗe ɗaki, akwai lokaci.

Da hantsi bakanike ya busar da abin da ruwa ya shiga, mota ta tashi. Suka shigo Kano rana ta ɗaga, gari ya wanku, hotunan 'yan takara da suka rage tun zaɓe sun jiƙe suna ɓamɓarowa daga bango. Tabarmar lulluɓi iska ta tafi da ita tun jiya. Layin baya da suka yi niyyar bi ya zama kududdufi, ruwa har gwiwa, dole Ƙasimu ya karya ta layinsu, yana fatan kowa ya tafi aiki.

Yana shan kwana ya ga tabarmi. An shimfiɗa su daga ƙofar gidansu har bakin masallaci, maza zaune sahu sahu, butoci a gefe. Ya taka birki. Ya so ya koma da baya, amma mai kurar ruwa ya riga ya shigo bayansa. Motar ta mutu da kanta. Mutanen da ke kan tabarmi suka ɗago kai, ba shi suke kallo ba, saman motar suke kallo.

Alhaji Audu mai ciwon suga ne ya taso, da ƙafarsa, ya zo bakin taga.

"Sauko, Ƙasimu," ya ce a hankali. "Iyatu ce. Jiya bayan azahar. Ta ce kanta, ta kwanta, shi ke nan."

Ƙasimu ya buɗe ƙofa ya sauko, ya jingina da mota. Alhaji Audu ya riƙe masa kafaɗa yana faɗa masa sauran, ba da faɗa ba, kamar mai karanta wa mutum takardar likita. Mata sun yi mata wanka sun shirya ta tun kafin la'asar. Jama'a sun taru. Malam Garba ya wuce gaba ya cire makulli daga wuyansa ya buɗe ɗaki a gaban kowa. Ya daɗe a tsaye a bakin ƙofar. Har ciki ya shiga ya duba bayan ƙyaure, kamar makara abar ɓuya ce a bayan ƙyaure. Aka aika Unguwar Gano, tasu ta fita da wata gawar. Aka aika Unguwa Uku, ruwa ya tsare 'yan aiken. Iyatu tana kwance a zaure a kan tabarma, ƙaninta yana tsugune a gefenta yana kare ta daga feshin ruwa da rigarsa. Sai dab da magariba aka samo makarar aro, aka kai ta maƙabartar Tarauni, ana kwashe ruwa daga kabari da kwano.

Ashiru ya zame ya tsuguna a bayan mota ya rufe fuska. Abdullateef ya tura kyamara ƙarƙashin kujera.

Malam Garba ya taso daga kan tabarma. Bai dubi ɗansa ba. Ya zagaya motar yana kallon sama, sannan ya ce wa samarin da ke kusa, "Ku sauke ta a hankali."

Aka sauke. Ya tsuguna ya warware robar, hannun ya faɗo a tafinsa. Ya juya shi, ya goge lakar da ke jiki da bakin rigarsa, ya ajiye a cikin makarar. Sannan ya cire igiyar fata daga wuyansa ya nufi liman.

"Haba Malam Garba," in ji liman. "Ba kai ka yi ba. Kowa a nan ya sani."

"Ni aka ba wa ajiya, Malam."

"Zauna tukuna, a yi sadakar uku, ma yi magana."

"A ba wanda gidansa ke da tsaro."

Ya sa makullin a kan tabarma gaban liman ya shige gida. Babu wanda ya taɓa makullin sai da aka kira azahar, kuma wani ne daban ya kira.

Ƙasimu ya tarar da shi a zaure, zaune a inda aka ce ta kwanta. Ya durƙusa daga nesa. Daga cikin gida ana jin muryoyin mata ƙasa ƙasa da ƙarar tukunya, wata ce a gaban murhun Iyatu.

"Baba."

Malam Garba ya ci gaba da jan carbi.

"Baba, na yi niyyar dawowa da ita kafin la'asar. Ruwa ne..."

"Dubiyar da ka yi ta yi," in ji Malam Garba, idonsa a ƙasa, "ta wannan ce?"

Ƙasimu ya so ya yi ƙarya, bakinsa ya ƙi.

"Ita ce, Baba."

Malam Garba ya gyaɗa kai. "Shekaranjiya ta tare ni a nan ta ce in daina yi maka faɗa, yaronta ya fara sanin mutane. Ta yi ta sa maka albarka." Ya ja carbi ɗaya. "Tashi ka je ka gaishe ta. Ka tambayi masu haƙa, za su nuna maka."

Ya tafi Tarauni a ƙafa. Ruwan jiya ya baje sababbin kaburbura, sun zama kusan ɗaya, jar ƙasa da ƙaya a kai. Mai gadin maƙabartar ya bi layi da shi yana duddubawa, ya ce jiya da yamma mutum uku aka kawo cikin ruwan nan. Ya tsaya a kan ɗaya ya ce yana jin wannan ce ta 'yan Gyaɗi-Gyaɗi, in ba ita ba ce to ta kusa da ita ce. Ƙasimu ya tsuguna a tsakanin biyun ya yi addu'ar da ya iya.

Ranar Asabar aka miƙa mulki. Tun safe 'yan acaɓa ke zagaye gari suna hon, rediyo a kowane shago. A ƙofar gidan Malam Garba ana sadakar uku, ana raba gumba. Abdullateef ya zo ya yi gaisuwa, ya ja Ƙasimu gefe bayan masallaci.

"Na kalla jiya," ya ce yana rage murya. "Ban so in faɗa maka yau ba, amma wallahi abin ya yi. Wurin cinnakan nan sai da na tsayar da kaset na huta. Saura ƙarshe kawai. In an kwana biyu..."

"Kana da wani kaset ɗin?"

"Shi ne ma. Da yamma ina da walimar wani sabon kansila, sai na nemo sabo."

"Kada ka nema. Ɗora walimar a kan fim ɗin."

"Ƙasimu, ka bari zuciyarka ta huce."

"Ɗora a kai, Abdul."

Abdullateef ya dube shi, ya ga ba wurin magana, ya tafi.

Kafinta ya yi wa makarar sabon hannu, fari a cikin baƙaƙe uku. Makulli ya koma wuyan wani mai shago. Malam Garba bai fasa salla a masallacin ba, sai dai a sahun ƙarshe yake tsayawa, kusa da takalma. Bai kori ɗansa ba, bai zage shi ba, in ya gaishe shi yana amsawa. Da damina ta yi nisa Ƙasimu ya bi wata babbar mota zuwa kudu a matsayin yaron mota, babu wanda ya ce ya tafi, babu kuma wanda ya ce ya zauna.

Abin da aka rasa a wannan aro ba shi da wuyar ƙirgawa. Tabarma ɗaya, hannun makara ɗaya, fim ɗaya da mutum ɗaya ne kawai ya taɓa kallonsa. Makullin Malam Garba da kiran sallarsa. Sai Iyatu, da sallar da ɗan da ta goya bai tsaya a kanta ba.